Ƙafata tana mutuwa a kilomita 15, sikeli kuma ya ƙi motsi. Ina matsalar take?

Baban Khalifa, Tudun Wada

Assalamu alaikum jama'a. Na daɗe ina leƙen abin da ake tattaunawa a nan ban taɓa cewa uffan ba, yau dai abin ya ishe ni.

Ni tela ne a Kasuwar Barci, shekarata 41. Wanda ya san aikinmu ya san daga ƙarfe tara na safe har bayan isha'i kana kan benci, ƙafa ɗaya ce kawai ke aiki, ita ma in an kawo wuta sai ta huta. A haka teɓa ta fito min ban ankara ba. Da ƙaramar salla na yanka wa kaina shadda da awon da na haddace shekara da shekaru, ranar idi kaftani ya kama ni tsam a ciki kamar an ɗaure buhun gero. Tela guda! Uwargida ta yi dariya har da hawaye. Washegari na hau sikeli a kemis ɗin layinmu, ya nuna kilo 91.

Wata bakwai ke nan da na fara gudu. Ina idar da sallar asuba na hau mashin zuwa Dandalin Murtala, in yi kilomita 7, kwana huɗu a mako. Ranar Asabar nake yin mai tsawo, in bi ta shataletalen Lugard Hall in miƙe titin Ali Akilu wajen Kawo in dawo. Wayata tana nuna minti 6 nake cinye kilomita ɗaya, kuma kullum haka nake yi, don ni a ganina in ban fito ina haki kamar an biyo ni ba, ban yi komai ba.

Wani matashi da muke haɗuwa a filin ya ce in ina son kitse ya narke in daina cin tuwo da shinkafa da dare, kuma in riƙa fita ciki ba komai. Na bi. Yanzu da dare sai ƙwai biyu da kabeji, ko ɗan kifi.

Ga abin da ke damuna. Wata ukun farko na sauko daga 91 zuwa 84, daga nan sikeli ya kafe, wata huɗu ko gezau. Na biyu, burina in gama kilomita 21 kafin azumi, amma sau uku ina gwadawa, da na kai wajen 14 ko 15 sai ƙafafuna su zama kamar an ɗaura musu turmi, ga jiri, ga wani irin baƙin rai da ban san dalilinsa ba. Makon jiya a Keke Napep na koma inda na ajiye mashin. Yaron nan ya ce wai wani asid ne ke taruwa a tsoka, shi ne ma ke sa min ciwon cinya bayan kwana biyu. Gaskiya ne? Ko dai shekaru ne suka ce in zauna?

Maman Nana, Malali

Wa alaikumus salam Baban Khalifa. Ba shekaru ba ne, kwantar da hankalinka. Na karanci ilimin aikin sassan jiki a Zariya, shi nake koyarwa yanzu a wata makarantar koyon aikin lafiya a nan Kaduna, ni ma kuma nakan taɓa sassarfa a layinmu in yara sun bar ni.

Jikinka rumbu biyu gare shi. Ƙaramin shi ne inda yake ajiye abin da ya samu daga tuwo, shinkafa, doya da sauran masu sitaci. Sunan wannan ajiya gilaikojin, kimanin gram 400 a tsoka, kimanin 100 a hanta, jimla wajen kalori 2,000. Babban rumbun kitse ne, kilo ɗaya kacal na kitsen jiki ya kai kalori 7,700, ka ga ko siriri yana ɗauke da abin da zai kai shi Zariya a ƙafa ya dawo. Sai dai kitse gungume ne, yana daɗewa amma ba ya kamawa da wuri, kuma sai da wadatar iskar oksijin. Gilaikojin kuwa wutar kara ce. Duk lokacin da ka ƙara sauri, jiki yakan karkata ga karan.

To lissafa da kanka. Mai gudu yana kashe kusan kalori ɗaya a kan kowane kilo na nauyinsa a kowace kilomita. Kai mai kilo 84, kilomita 15 ta ci maka sama da 1,200. Ka fito da rumbun da ba ka cika ba jiya da dare, hanta ta kwana tana ciyar da ƙwaƙwalwa ta rage nata, sannan ka kama saurin da kusan kara zalla yake ci. Minti 90 ka yi, wuta ta mutu. Jirin nan da baƙin ran, mafi kusa sukarin jini ne ya yi ƙasa, don ƙwaƙwalwa da shi take aiki.

Akwai wani gwaji da nake son ba ɗalibaina labarinsa, kai ma zai yi maka daɗi tunda kana taka keke da ƙafa ɗaya. A 1966 wasu likitoci biyu a Suwidin, Jonas Bergström da Eric Hultman, suka ajiye keken motsa jiki a tsakaninsu, wannan yana takawa da ƙafa ɗaya ta nan, wancan da ƙafa ɗaya ta can, har suka gaji liƙis. Suka riƙa tsakuro tsokar cinyarsu da wata allura suna aunawa. Ƙafar da ta yi aiki ta kusa ƙarar da ajiyarta, wadda ta huta tana nan yadda take. Suka yi kwana uku suna cin sitaci, sai ga ƙafar da ta wahala ta tara kusan ninki biyu na 'yar'uwarta. A shekarar da ta biyo suka gwada wasu mutane da abinci iri uku. Da aka ba su mai da nama ba sitaci, minti 57 suka iya a kan keke. Da abinci na yau da kullum, 114. Da sitaci mai yawa, 167. Mutanen nan ɗaya ne, abinci kawai aka sauya. Kai a rukunin farko ka sa kanka, da ƙwai biyunka da kabeji.

Amma mayar da tuwo rabin magani ne. Ɗaya rabin shi ne ka koya wa tsokarka cin gungume, kuma nan ne nake ganin kuskurenka ya fi girma. A cikin ƙwayoyin tsoka akwai wasu 'yan murahu da ake kira mitokondiriya, a nan ake ƙona kitse da sukari da oksijin. A 1967 John Holloszy a Amurka ya sa ɓeraye gudu, yana ƙara musu a hankali har suka kai awa biyu a rana, kwana biyar a mako. Bayan kimanin wata uku ƙarfin waɗannan murahun a tsokarsu ya kusa ninkawa. Kafin shi an gwada da ɗan motsi kaɗan ba a ga komai ba, ma'ana abin yana son aiki mai tsawo da ake maimaitawa. Haka yake a mutum. Murahu su ƙaru, ƙananan hanyoyin jini su yawaita a kewayen tsoka, ruwan jini ya ƙaru, zuciya ta riƙa turo jini mai yawa a bugu ɗaya. Sakamakon shi ne saurin da a da yake cinye maka kara, yanzu rabi da gungume za a yi shi, karan ya kai ka ƙarshen tafiya.

Mai haki kullum ba ya iya tara waɗannan awanni, gajiya za ta tare shi. Shi ya sa nake cewa ka rage sauri har inda za ka iya yi wa na kusa da kai hirar kwastoman da ya hana ka kuɗin ɗinki, jimla cikakkiya, ba kalma biyu ka ja numfashi ba. A wurinka wataƙila minti 7 ne ko 7 da rabi. Zai yi maka kama da wasa. Yi haƙuri da shi.

Batun sikeli daban ne. Kowane gram na gilaikojin yana riƙe da ruwa kusan gram 3, don haka cikin kilo bakwai ɗin da ka zubar da farko, wani ɓangare ruwa ne da ya tafi da ka yanke sitaci. In ka dawo da tuwo sikeli zai iya hawa da kilo ɗaya a 'yan kwanaki, kada ka firgita, ba kitse ba ne. Sannan jiki ba wawa ba ne. Herman Pontzer da abokan aikinsa sun auna mutanen Hadza na Tanzaniya, mafarauta masu yini suna tafiya a daji, suka fitar da sakamakon a 2012. Da aka yi la'akari da girman jiki, abin da suke ƙonawa a yini bai fi na mazauna biranen Amurka da Turai ba. Har yanzu masana suna jayayya a kan girman wannan ragi da jiki ke yi, amma ni ban ga mai musun akwai shi ba. Ka ƙona da safe, jiki ya tsuke a wani wurin, yunwa kuma ta ƙaru. Don Allah faɗa mana gaskiya, me kake ci a shago tsakanin azahar da la'asar? Kwalbar lemo ta roba ɗaya ta kai kalori 200, kilomita biyu da rabi ke nan na guminka.

Asid ɗin da yaron ya faɗa, laktet yake nufi. Tsohon zance ne. George Brooks na jami'ar Kalifoniya ya nuna tun shekarun 1980 cewa makamashi ne da zuciya da tsoka suke ƙonawa, kuma cikin awa ɗaya da tsayawarka ya koma yadda yake. Ciwon da ke zuwa bayan kwana biyu 'yan ƙananan yagewa ne a zaren tsoka, musamman in ka yi gangara.

Kuma kai da tef ke rataye a wuyanka, me ya haɗa ka da sikelin kemis? Auna ƙugunka.

Kofur Mai Ritaya, Mando

'Yata Maman Nana, Allah Ya ƙara ilimi. Ni ban yi boko mai zurfi ba, amma na yi shekara 22 ina gudun safe ba don ina so ba.

Maganar rage sauri gaskiya ce, kuma mu an koya mana ita ba tare da an faɗa mana sunanta ba. Kin taɓa ganin sojoji sun fito gudun asuba suna waƙa? To mai haki ba ya amsa waƙa. In waƙa ta fara yankewa a bayan layi, na gaba ya san ya yi sauri. Ƙanena Baban Khalifa, in ba ka da abokin hira, yi salati a bayyane kana tafe. In ya fita daidai kana kan hanya.

Inda ban yarda ba shi ne a tsorata mutum da fita ciki ba komai. Mu ba a taɓa ba mu koko kafin gudu ba, sai mun dawo. Da azumi ma ba a ɗaga mana ba. Ga ni nan, shekara 63, har yanzu ina zagaya unguwa.

Abin da na fi jin tsoro zafi ne. Yanzu hunturu na shigowa, kowa jarumi ne. Bari Maris da Afrilu su zo. Na taɓa ganin ƙato, wanda ya fi mu ƙarfi duka, ya yanke jiki ya faɗi saboda ya dawo daga hutu ya ce zai yi abin da muke yi a ranar farko. Jiki yana son kamar mako biyu kafin ya saba da zafi. Wannan da idona na gani, ba a takarda ba.

Ɗan Rigasa

Kawu Baban Khalifa, wallahi kamar labarina kake bayarwa. Ina cikin waɗanda suka shiga gudun famfalaki na kilomita 21 da aka yi a nan Kaduna a Nuwamban 2020. Lokacin ina buga ƙwallo kullum, na ɗauka an gama. Ana sakin mu na ga 'yan Kenya sun wuce kamar iska, na ce ni ma ai namiji ne. Kilomita uku na yi ina jin kaina. A ta 12 ina tafe ina riƙe da ƙugu, wani dattijo mai furfura da na wuce tun farko ya zo ya dafa kafaɗata ya ce sannu yaro, ya yi gaba abinsa. Ban sake ganinsa ba.

Daga baya na shiga karance-karance. Akwai wani masani a Norwe, Stephen Seiler, da ya bi diddigin yadda manyan 'yan tsere suke atisaye, masu gudu da masu keke da masu tuƙin kwalekwale. Ya ga wajen kashi 80 cikin 100 na atisayensu a hankali suke yi, sauran ne mai zafi. Mu kuma 'yan unguwa kullum muna tsakiya, bai yi sanyin da za mu daɗe ba, bai yi zafin da zai ƙara mana sauri ba. Eliud Kipchoge, ɗan tseren Kenya da ya yi kilomita 42 cikin awa 1 da minti 59 da daƙiƙa 40 a birnin Biyana na ƙasar Ostiriya a 2019, kada ka ɗauka haka yake tashi kowace safiya.

Yadda nake yi yanzu, kwana uku a hankali, rana ɗaya in yi mai zafi, minti uku ina ja minti biyu ina sassarfa, sau biyar ko shida. Ranar mai tsawo kuma ina tafe da dabino. Abin da ake ba da shawara in gudu zai wuce awa ɗaya da 'yan kai shi ne gram 30 zuwa 60 na sukari a kowace awa, ƙananan dabino shida sun kai 30 ɗin. Kada ka jira sai ƙafa ta mutu, fara tun minti 40, biyu-biyu, da kurɓin ruwa. Kuma ka saba da shi tun yanzu, ba a fafe gora ranar tafiya. Matsalata ɗaya, a aljihu yana ta tsalle yana dukan cinya. Kai da kake tela ai sai ka ɗinka ɗan aljihu a ƙugun wando ta baya.

Na taɓa zuwa Jos na yi kwana biyar wai in samo jinin 'yan Filato, tunda su ke cinye mana tsere a ƙasar nan. Abin da na samo mura ce. Ashe tudun Jos wajen mita 1,200 ne kawai sama da teku, na garin Iten a Kenya kuwa 2,400, kuma masu zuwa can makonni suke yi.

Maman Nana, Malali

Baba Kofur, na karɓi gyara, kuma misalin waƙar nan na sace shi, gobe a aji zan ba da shi. Ban ce fita kafin karin kumallo laifi ba ne. An ma gwada a Beljiyam, mako shida wasu suna atisaye kafin su ci wasu bayan sun ci. Na farkon sun fi iya ƙona kitse, amma da aka sa su tsere ba su fi ɗaya rukunin ba. Ƙona kitse a lokacin gudu kuma ba shi ne ramewa ba, lissafin yini duka ne ke yanke wannan. Bambancinku da Baban Khalifa, Baba, ku kuna kwana da tuwo a ciki. Shi ya haɗa uku ne, ba sitaci da dare, ba komai da safe, ga sauri. Gajeren gudu na minti 40 a hankali ya yi shi haka nan ba damuwa. Na Asabar ne nake so ya ci tuwonsa daren Juma'a, da safe ya sha rabin kofin koko ko ya ci ayaba ɗaya. In azumi ya zo, ko dai ɗan kaɗan dab da magariba, ko bayan tarawihi.

Ruwa kuma a sha gwargwadon ƙishi, kada a yi ta ɗurawa. A tseren Boston na 2002 an auna jinin ɗaruruwan waɗanda suka gama, kashi 13 cikin 100 gishirin jininsu ya yi ƙasa, yawanci saboda yawan shan ruwa.

Abu ɗaya da ban faɗa ba ɗazu, kuma ya fi duk sauran. Baban Khalifa, shekara 41 da jiri, je a auna maka hawan jini da suga, kuma in ba ka san jinotayif ɗinka ba ka sani. A ƙasar nan kusan mutum ɗaya cikin huɗu AS ne, wato yana ɗauke da gadon sikila ko da ba ta kama shi ba. Ba ya hana gudu, amma mai shi ya fi bukatar kiyaye zafi da ƙishirwa da aikin ganganci. In ka taɓa jin ciwon ƙirji, ko numfashi ya sarƙe fiye da ƙima, ko zuciya tana bugawa ba tsari, tsaya nan take, wannan ba maganar dabino ba ce.

Baban Khalifa, Tudun Wada

Jama'a na dawo bayan mako shida, Allah Ya saka da alheri. Maman Nana, kin kama ni. Lemo biyu ne a yini, da fanke na yarinyar da ke zagayawa da la'asar, wani lokacin har da awara. Da yake a tsaye nake ci ina aiki, ban taɓa lissafa shi a abinci ba. Na bar lemon, fanken dai muna tattaunawa.

Na je an auna ni. Jini 130 bisa 85, aka ce in sa ido in rage gishiri. Suga lafiya, kuma AA ne.

Rage saurin nan ya fi gudun wahala. Makon farko wasu hajiyoyi biyu masu tafiyar sauri suka kusa kamo ni, yaron da ya ba ni shawarar farko ya tambaye ni ko ba ni da lafiya. Na bi dabarar Baba Kofur, ina tafe ina salati. A da bugun zuciyata in na farka 74 ne a minti, yau da safe na ƙirga 66. Asabar ɗin da ta wuce na yi kilomita 18 a minti 7 da 'yan daƙiƙu, na ci dabino takwas a hanya, na koma wurin mashin da ƙafata, har na buɗe shago ƙarfe goma. Sikeli ya hau 85 kamar yadda aka ce, yanzu ya dawo 83 da rabi. Tef kuwa ya ce inci ɗaya da rabi sun tafi daga ƙugu. Na ciro kaftanin sallar nan na gwada, ya shiga, sai dai in zan zauna ina lallaɓawa.

Ɗan Rigasa, na ɗinka aljihun, da ɗan zif, yana cin dabino goma da makullin mashin. Mutum uku a filin sun gani sun ba ni wandunansu. Kawo naka, ba zan karɓi ko sisi ba.

Sabuwar tambaya kuma. Tun da na haura kilomita 16 nake jin wani zugi a ƙwaurina na hagu, ta ciki, wajen tafin hannu ɗaya sama da idon sawu. Yana farawa in na fara gudu, ya lafa, ya dawo da yamma. Kambas ɗina na gwanjo ne, wata takwas ke nan ina taka shi, dunduniyar ta cinye ta gefe ɗaya. Takalmin ne ko kwaltar?